Tambaya kan lemun sarakunan Faransa da asalin bishiyar lemu

Nasiru Mabera ya rubuta:

Assalamu alaikum. Iyayena da yayyena na wannan zaure, ina neman a fitar da ni daga duhu game da wani abu da ya tsaya mini a rai tun makon jiya. Wani abokina da ke karatu a Faransa ya turo mini ɗan gajeren bidiyo daga tsohuwar fadar sarakunan ƙasar, inda ma'aikata ke ɗaga manyan bishiyoyin lemu da inji, kowace a cikin akwatinta na katako, suna shigar da su wani dogon gini na dutse kamar yadda ake shigar da dabbobi garke da magariba. Ya ce haka ake yi duk shekara idan sanyi ya gabato, kuma an haura shekara 300 ana yi.

Dalilin da ya sa abin ya taɓa ni shi ne, mahaifina, Allah ya jiƙansa, ya dasa lemun zaƙi guda huɗu a lambunmu da ke bakin gulbin Rima, uku suka bushe a bazara ta biyu, ɗaya ce kawai ta rayu, ita ma takan cika da fure ta zubar da shi ba tare da ta riƙe 'ya'yan kirki ba. Tun ina yaro na ɗauka lemu ɗan kudu ne, domin wanda muke sha a Sakkwato manyan motoci ne ke kawo shi daga Binuwai. To, me ya kai sarkin Turawa ga wahalar rainon bishiyar da ƙasarsa ba ta karɓe ta ba? Shan lemun suke yi, ko kuwa ado ne kawai? Sannan ita bishiyar, daga wace ƙasa ta fito tun farko?

Malam Umaru Runjin Sambo ya rubuta:

Wa alaikumus salam, Nasiru ɗana. Allah ya jiƙan mahaifinka, ya sa bishiyar da ta rayu ta zame masa sadaka mai gudana. Na koyar da tarihi shekaru masu yawa kafin in yi ritaya, kuma wannan labari yana cikin waɗanda ɗalibai kan nutsu su saurara.

Fadar da ka gani ita ce Versailles, wadda Faransawa ke furtawa kusan kamar Barsai, tana kimanin kilomita 20 daga birnin Paris. Sarkin da ya mayar da ita abin da take a yau shi ne Luwi na 14, wanda ya gaji sarauta a 1643 yana ɗan shekara huɗu, ya zauna a kanta har mutuwarsa a 1715. Amma ba shi ne ya fara son lemu a gidan sarautar ba. Tun a 1495, lokacin da Sarki Sharl na 8 ya shiga birnin Naples na Italiya da yaƙi, lambunan da ya gani a can suka burge shi, har ya komo gida da wani gwanin lambu mai suna Pacello da Mercogliano, wanda ya raini lemu a Amboise, a bakin kogin Luwar. Daga nan lemu ya shiga sahun kayan sarauta, kamar yadda doki mai kyau da alkyabba suke a wurinmu.

Abin da ya fi dacewa ka riƙe shi ne abin da ya faru a 1661. Ma'ajin sarki, Nicolas Fouquet, ya gina wa kansa gida a Vaux-le-Vicomte wanda ya fi duk gidajen sarki ƙawa, sannan a ranar 17 ga Agusta ya shirya gagarumar liyafa ya gayyaci sarkin, wanda a lokacin saurayi ne ɗan shekara 22. Dama ana zargin ma'ajin da cin dukiyar baitulmali, kuma an riga an fara shirya masa tarko, sai liyafar ta zama kamar ya nuna wa duniya hujja a kansa. Ranar 5 ga Satumba aka kama shi, bai sake shaƙar iskar 'yanci ba har ya mutu a kurkuku a 1680. Sarki ya kwashe kayan gidan, har da bishiyoyin lemunsa, ya kuma ɗauke mutanen nan uku da suka yi masa aikin: maginin, Louis Le Vau, da mai zanen, Charles Le Brun, da mai tsara lambun, André Le Nôtre. Ka ga ke nan wani ɓangare na lemun farko na Barsai ganima ce daga gidan bafaden da ya wuce gona da iri.

Le Vau ya gina wa lemun ɗaki a 1663, amma da sarki ya tare a Barsai da dukkan fadawansa a 1682 sai ɗakin ya yi kaɗan. Tsakanin 1684 da 1686 wani magini, Jules Hardouin-Mansart, ya gina wanda ka gani a bidiyon. Babban zaurensa ya haura mita 150 a tsawo, bisansa mita 13, rufinsa kuma na baka ne irin na soro. Kaurin bangonsa ya kai mita huɗu zuwa biyar, tagoginsa ruɓi biyu ne, fuskarsa tana kallon kudu inda rana ke bi a ƙasashen arewa, bayansa kuma a jingine yake da tudun da fadar ke kai. Da wannan dabara sanyin cikinsa ba ya sauka ƙasa da digiri biyar ko da ƙanƙara ta rufe waje. Duk wanda ya taɓa kwana a tsohon soron ƙasa na cikin gari lokacin hunturu ya san wannan hikimar, domin kaurin bango shi ke riƙe ɗumi da dare ya kuma tare zafi da rana. Har yau bishiyoyi fiye da 1,000 ne ake ajiyewa a wurin, lemu da rumman da wasu, ana fitar da su wajen tsakiyar Mayu, a mayar da su wajen tsakiyar Oktoba.

Game da ko shan sa suke yi, mafi yawan bishiyoyin lemu mai ɗaci ne, wanda ba a shan sa ɗanye. Furensa ake so. A zamanin sarkin ana jera bishiyoyin a cikin tukwanen azurfa a zauren madubai na fadar, mai tsawon mita 73, domin jakadun ƙasashe su ratsa ta tsakaninsu cikin ƙamshi kafin su isa gaban sarki, kuma ana tatsar ruwan furen a yi turare da kayan zaƙi. A fahimtata, abin da sarkin ke nunawa shi ne isa: bishiyar da ba ta zubar da ganye, mai ɗauke da fure da 'ya'ya a lokaci guda, tana tsaye kore shar a ƙasar da kowane itace ya zama ƙirare, kuma duk mai gani ya san dukiyar mutum ɗaya ce ta tsayar da ita. Su tukwanen azurfar ba su yi ƙarko ba, domin a 1689 sarkin ya sa aka narkar da kayan azurfar fadar aka buga kuɗi saboda yaƙin da yake yi da sauran sarakunan Turai. Bishiyoyin ne suka saura.

Malam Haliru Tudun Wada ya rubuta:

Allah ya saka wa Malam Umaru da alheri, ya ƙara masa lafiya. Zan ɗauki tambaya ta ƙarshe, domin kafin lemu ya ga fadar Faransa ya shafe ƙarnuka a hannun Musulmi, kuma wannan ɓangaren ne aka fi tsallakewa idan ana ba da labarin.

Nasiru, lemu ba ɗan Afirka ba ne, ba kuma ɗan Turai ba. Mahaifarsa ita ce yankin da ke gindin tsaunukan Himalaya ta gabas, inda arewa maso gabashin Indiya da arewacin Bama da kudu maso yammacin Sin suka haɗu. Masu binciken ƙwayoyin halittar tsirrai sun gano cewa kusan duk lemun da muke sha jikokin wasu 'yan kakanni ne da suka yi ta barbarar juna: akwai tanjarin na asali, akwai wani ƙaton lemu mai kaurin ɓawo da ake kira fomelo, akwai kuma utrujja. Lemun zaƙi ɗa ne tsakanin na farko da na biyu. Mutanen Sin sun daɗe da sanin darajarsa, har wani ma'aikacin hukuma mai suna Han Yanzhi ya rubuta littafi sukutum a kan lemu a 1178.

Utrujja ce ta fara yin yamma, ta bi ta Farisa ta isa ƙasashen Bahar Rum tun kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Duk almajirin da ya karanta hadisi ya san sunanta, domin Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Musa al-Ash'ari cewa Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya misalta mumini mai karanta Alƙur'ani da utrujja, ƙamshinta mai daɗi, ɗanɗanonta mai daɗi. Na daɗe ina karantar da wannan hadisi kafin in san cewa 'yar uwar lemun tsamin da ke tsakar gidana ce ake nufi, kuma tun daga ranar nakan kawo lemu aji in nuna wa yara.

Shi kuwa lemu mai ɗaci, wanda Malam ya ce shi ne ya cika Barsai, Larabawa suna kiran sa naranj. Masanin tarihi al-Mas'udi, wanda ya rasu a 956 Miladiyya, ya faɗa a Murujuz Zahab cewa an kawo shi daga Indiya bayan shekara ta 300 ta Hijira, aka dasa a Oman, daga nan ya wuce Basra da Iraƙi da Sham, har ya yawaita a gidajen mutane a can da Masar. Ya ma lura cewa bishiyar ta rasa wani abu na ƙamshinta da kyan launinta da ta bar iskar Indiya da ƙasarta, wanda ke nuna maka cewa damuwar mahaifinka ba sabuwa ba ce. Daga Masar ya bi Magrib ya haye tsibirin Sisili da Andalus, wato Sifen ta zamanin mulkin Musulmi. Har gobe harabar tsohon babban masallacin Ƙurɗuba da ke can Andalus sunanta farfajiyar lemu, kuma Ibnul Awwam na Ishbiliya, a ƙarni na 12, ya yi bayanin yadda ake dasa shi da shayar da shi a littafinsa na noma, Kitabul Filaha. Abin da Sharl na 8 ya gani a kudancin Italiya ya ruɗe, reshe ne na wannan gadon.

Sunayen ma sun riƙe sawun tafiyar. Naranga ta Indiya ta zama narang a Farisanci, ta zama naranj a Larabci, ta zama naranja a bakin mutanen Sifen, daga wannan tushe kuma sunan da Faransawa da Ingilishi ke kiran sa ya fito. Lemun zaƙi ya yaɗu a Turai daga baya, musamman bayan jiragen Fotugal sun buɗe hanyar teku zuwa Indiya a 1498, shi ya sa Larabawa ke ce masa burtuƙal, wato da sunan Fotugal. Mu kuma kalmarmu ta lemu daga laimun ta Larabci take, abin da ke nuna ta wace ƙofa muka fara saninsa.

Hajiya Rabi Gawon Nama ta rubuta:

Ina gaida malamaina biyu, na kuma ƙaru ƙwarai. Sai dai Malam Umaru, ka yi mini afuwa, akwai abin da zuciyata ta kasa wucewa. Ka ba mu tsawon ginin da kaurin bangonsa, amma ba ka faɗi halin da talakawan ƙasar ke ciki a wannan zamani ba. Shekara bakwai kacal bayan an gama wa lemu ɗakinsa, a 1693 da 1694, yunwa da cututtukan da ke bin ta suka kashe mutane fiye da miliyan ɗaya a Faransa. A farkon 1709 kuma aka yi wani sanyi da ya daskarar da koguna, ya kashe alkama a cikin ƙasa, ya ƙone itatuwan zaitun na manoman kudu, mutane dubu ɗaruruwa suka sake salwanta. Bishiyar sarki tana bayan bango mai kaurin mita biyar, ɗan talaka yana mutuwa a bukka. Mu da muka taso a garin da aka rubuta wa sarakuna littattafai ana yi musu gargaɗi kan almubazzaranci da dukiyar jama'a, bai kamata mu karanta wannan labari da sha'awa kaɗai ba.

Ni ma'aikaciyar jinya ce, kuma a wurina ranar da lemu ya yi babban aiki a tarihin Turai ba a fada take ba, a cikin jirgin ruwa take. A 1747 wani likitan sojan ruwan Birtaniya, James Lind, ya ɗauki mutum 12 masu fama da ciwon nan da ke ruɓar da dasashi, ya zubar da haƙora, ya buɗe tsofaffin raunuka, ya raba su biyu-biyu ya ba kowane rukuni magani daban. Biyun da aka ba lemun zaƙi da na tsami ne suka farfaɗo cikin kwanaki. Duk da haka sai a 1795 hukumar sojan ruwan ta fara raba wa matuƙa ruwan lemu a kai a kai, bayan an yi asarar rayuka masu yawa a tsakani. Yau mun san sinadarin bitamin C ne ke wannan aiki, kuma shi ya sa nake jin daɗi idan na ga tire cike da lemu a bakin masallaci lokacin buɗa-baki, kowa na iya saye.

Sani Malamin Gona ya rubuta:

Ranku ya daɗe. Ni zan koma kan bishiyar Nasiru, domin akwai darasin aiki a cikin abin da masu lambun Barsai suka yi, ko da kuwa an ajiye maganar sarkinsu gefe.

Lemu yana da iyaka ta sama da ta ƙasa. Idan sanyi ya sauka ƙasa da digiri 13 yakan daina girma, idan ƙanƙara ta kama shi ya mutu, kuma idan zafi ya doshi digiri 40 nan ma yakan tsaya cik. Su Faransawa suna faɗa da iyakar ƙasa, mu a Sakkwato muna faɗa da ta sama, domin a watan Afrilu zafinmu kan haura 40, ga busasshiyar iska mai zuƙe ruwan ganye. Maganinsu bango ne, namu kuma inuwa da shinge da ruwa a kan ƙa'ida. Ƙaramin dashe yana buƙatar rumfar zana a bazararsa ta farko da ta biyu, da layin dogon yaro ko wani shinge ta inda iska ke bugowa, amma da tazara don kada saiwoyi su yi gasa. A rufe ƙasar gindin da busasshiyar ciyawa, a bar ɗan fili tsakaninta da jikin bishiyar saboda gara. Kada kuma a bar ruwa ya kwanta yana taɓa jikin, a yi masa kwari a zagaye, domin jiƙar gindi ce ke kawo ciwon da ɓawo ke tsagewa yana fitar da ƙaro.

Zubar fure ba duka ne ciwo ba. Ko lafiyayyar bishiya, cikin fure 100 da wuya fiye da ɗaya ko biyu su zama lemun da za a tsinka. Abin da ke kwashe har waɗannan 'yan kaɗan shi ne a bar ta da ƙishi a lokacin fure sannan a cika ta da ruwa rana ɗaya. Amma ƙishin yana da amfani idan an san lokacinsa. Manoman Sisili sukan hana lemun tsaminsu ruwa na wasu makonni a lokacin zafi har ganye ya fara laushi, sannan su shayar, sai bishiya ta fashe da fure ba a lokacinta ba. A ƙasashe masu zafi irin namu ma, rani ne da ruwan da ke biyo bayansa ke tayar da furen lemu. Bishiyar da ke cikin akwati kuwa duk ruwan da take sha a hannun mai ita yake, kuma akwatunan Barsai an yi su ne yadda ake buɗe gefensu a duba saiwa, a rage ta, a canza ƙasa. Wani mai lambun sarkin, La Quintinie, ya bar rubutu na musamman kan rainon lemu wanda aka buga a 1690.

Sai in tambaye ka, Nasiru: bishiyar mahaifinka mai aure ce, wato an haɗa reshen wani lemu a kan gindin wani, ko daga ƙwallo ta fito? Idan tana da dogayen ƙayoyi kuma babu alamar gaɓa a ƙasan jikinta, ta ƙwallo ce, irinta kan yi shekara bakwai ko fiye kafin ta yi 'ya'yan kirki, alhali mai aure kan fara a shekara ta uku ko ta huɗu. Kuma kada ka jira lemunka ya yi launin ruwan goro irin na hoton. Sanyin dare ne ke kore koren ɓawo, shi ya sa lemun Binuwai ke nuna ya yi zaƙi yana kore.

Malam Umaru Runjin Sambo ya sake rubutawa:

Hajiya, kin yi gaskiya, kuma gyaran ya karɓu. Shekarun da kika kawo haka suke, kuma shi kansa sarkin an ruwaito cewa a gadon mutuwarsa ya gargaɗi yaron da zai gaje shi kada ya yi koyi da shi wajen son yaƙi da yawan kashe kuɗi. Abin da kawai zan ƙara shi ne, nakan raba tsakanin mai umarni da masu aikin. Mutanen da suka yi ta jan akwatunan nan da dawaki da igiya sau biyu a shekara, suka san ƙishin kowace bishiya da ganinta, 'ya'yan talakawan nan ne da kike magana a kansu. Sarautar ta faɗi a 1792, an sare kan Luwi na 16 a 1793, amma ba a bar lemun ya mutu ba, domin ilimin rainonsa a hannun masu lambu yake, kuma sun ci gaba da miƙa wa na bayansu.

Nasiru Mabera ya sake rubutawa:

Na gode, Allah ya ƙara girma. Malam Sani, da asubar yau na je lambun na duba kamar yadda ka ce. Akwai gaɓa kamar taƙi ɗaya daga ƙasa, don haka mai aure ce, amma wasu rassa biyu masu ƙaya sun fito daga ƙasan gaɓar har sun kusa fin na saman tsawo, kuma na ga ƙaro ya daskare a gefen da ruwan kwari ke taɓawa. Na janye ƙasar da ta rufe gindin, na kuma matsar da bakin kwarin baya. Rassan nan biyu, in sare su yanzu, ko in bari sai damina ta sauka?